Da ƙafa zuwa Sachrang, ƙauyen da ya raini Werner Herzog

Laifina ne, ba na kowa ba. Allon lokutan mota yana manne a gaban tashar jirgin ƙasa ta Aschau, wani gari a kudancin Jamus, an raba na ranakun aiki daban, na Asabar daban, na Lahadi daban, ni kuwa na kafa ido a kan na ranakun aiki alhali Lahadi ce. Na yi ta tsayuwa ina hura hannu har kusan rabin sa'a, sai da wata dattijuwa mai jan kare ta ɗora yatsa a kan layin da ya dace, sannan kaina ya waye. Motar da nake jira ba ta yau ba ce. Ta gaba kuma da saura ƙwarai. Daga nan zuwa Sachrang kamar kilomita 12 ne, hanya ɗaya tak, tana bin gefen kogin Prien har ƙarshen kwarin. Na dubi takalmina na ƙwallo da na saya a Sabon Gari, na dubi hazon da ya zauna a kan duwatsu, na ce bismillah.

Tun da asuba kawuna ya so ya hana ni wannan tafiya. Ƙanin mahaifiyata ne, mutumin Dakoro a Nijar, ya fi shekara ashirin a Munik, kuma a wurinsa na sauka da na zo wani ɗan gajeren horo na tace fim. Yana zuba shayi ya ce, "Kai ɗan nan, mutane suna zuwa Jamus su ga filin ƙwallo, su ga kamfanin mota. Kai za ka ƙauye ganin me? Mutumin ma yana Amurka." Gaskiya ya faɗa, Herzog, daraktan fim Bajamushen da nake bin sawunsa, ya daɗe da komawa Los Angeles da zama. Na ce, "Kawu, inda ya tashi nake son gani." Ya girgiza kai, ya cusa mini safar hannu da ƙullin ƙuli-ƙuli a aljihu, ya ce in ban dawo kafin isha ba zai kira mahaifiyata ya gaya mata ɗanta ya samu taɓin hankali.

Ba a makaranta na san Herzog ba. Wani abokin aiki ne a Kano ya ba ni filashi cike da finafinan waje, ya ce in duba yadda suke yanka hoto. A ciki akwai wani ɗan fim ɗinsa na 1989 da bai kai sa'a guda ba, a kan Woɗaaɓe, waɗanda muke kira Bororoji. Samari ne a jere, fuska ta sha kwalliya, suna zaro ido suna bayyana haƙora, irin rawar gerewol da nake jin labarinta a bakin dangin mahaifiyata. Amma abin da ke fita daga lasifika wata tsohuwar waƙar coci ce ta Turawa, faifan har yana ƙarar tsufa. Na mayar baya ya fi sau biyar. Raina ya ɓaci, kuma na kasa ɗauke ido. Tun daga ranar nake bibiyar mutumin, rabi don sha'awa, rabi don in kama shi da laifi.

Jirgin Munik zuwa garin Prien kamar sa'a guda ne, yana ratsa garin Rosenheim. Daga Prien ɗan ƙaramin jirgi ya kai ni Aschau cikin kwata. Sauran kuma ƙafa.

Da na wuce gindin tsohuwar fadar Hohenaschau, wadda ke zaune a kan tudu kamar kaza a kan ƙwai, sai gidaje suka fara ƙaranci. Farkon Nuwamba ne. An riga an sauko da shanu daga makiyayar kan dutse, wasu suna cikin shinge a bakin hanya, gajeru masu ƙiba, ƙararrawa a wuya. Kowane gida an jere masa itacen hunturu a jikin bango, an yanka shi tsawo ɗaya kamar da ma'auni. Duk wanda muka yi kiciɓis da shi sai ya ce "Grüß Gott", ni ma na koya, ina mayarwa. Bayan sa'a guda ruwan ciyawa ya ratsa takalmina, yatsuna suka daina jin komai.

Ta wannan kwarin aka shigo da Herzog yana jariri. An haife shi a Munik ranar 5 ga Satumba 1942, yaƙi na tsakiyar ci. Yana da kamar sati biyu bam ya rushe gidan maƙwabta, mahaifiyarsa Elisabeth ta tarar da gadon jaririn cike da fasasshen gilashi da ɓaraguzai, shi kuwa ko ƙwarzane babu. Ba ta tsaya wata-wata ba, ta kwashe 'ya'yanta ta gudo can ƙarshen Bavariya, dab da iyakar Ostiriya. Uban bai zauna da su ba. Sunan da yaron ya tashi da shi Stipetić ne, na dangin uwa, masu asali da Kuroshiya. Daga baya ne ya ɗauki Herzog, sunan uban.

Mu a gida in an ce Bature, wadata ce ke fara zuwa mana a rai. Gidan da suka zauna babu famfo, ruwa sai an ɗebo, bayan gida kuma a waje yake, a ƙasar da ƙanƙara ke rufe ƙofa. Ya sha ba da labarin burodi guda da uwar ke yi wa tsaga da wuƙa, kowace tsaga rabon kwana ɗaya, ita da yaran. Bai san akwai wani abu wai shi fim ba sai da ya kai shekara 11, ranar da mai majigi ya zo makarantar ƙauyen. Ɗaya daga abin da aka nuna musu mutanen ƙasar ƙanƙara ne suna gina ɗaki da ƙanƙara, shi kuwa ya ce bai burge shi ba, don yana gani ya san ba su iya ba, yaron da ya tashi a cikinta ba a yi masa wayo da ita. Wayar tarho bai taɓa bugawa ba sai yana da shekara 17.

Wannan na majigin ya tsaya mini a rai ina tafe. Mahaifina ma da majigi ya fara ganin hoto mai motsi, a ƙofar gidan hakimi, an kafa farin ƙyalle. Shi ya koma gona washegari. Herzog kuwa ya je ya yi finafinai fiye da 60.

Wajen rabin hanya na hango farin ƙoƙon dutse ta cikin hazo, na ɗauka na iso. Ganin Dala ba shiga birni ba ne. Na zauna a kan wani benci na ci ƙuli-ƙuli, na cire takalmin na matse safa. Dariya ta kama ni ni kaɗai, don na tuna wanda nake bi. A ƙarshen 1974 aka buga masa waya daga Faris cewa Lotte Eisner ba ta da lafiya, ana ganin ba za ta tashi ba. Tsohuwa ce masaniyar fim, Bayahudiya, ta tsere daga Balin a 1933 da 'yan Nazi suka hau mulki, ta ƙare rayuwarta tana tattara tarihin finafinai a Faransa. Matasan daraktocin Jamus na wancan lokaci, su Fassbinder da Wenders da Schlöndorff da shi Herzog, suna ganin kansu marayu ne a sana'a. Iyayensu ko dai sun yi wa Hitila aiki ko sun gudu, don haka sai suka tsallake su suka kama kakanni, irin su Murnau da Fritz Lang. Eisner ta san waɗancan kakannin da aikinsu, kuma ita ce ta sa wa jikokin albarka. Herzog ya ce ba za ta mutu ba, bai yarda ba. Maimakon ya hau jirgi ya isa cikin sa'a biyu, sai ya ɗauki jaka da kamfas ya kama hanya da ƙafa, wai muddin yana tafe tana raye. Ya bar Munik ranar 23 ga Nuwamba, ya shiga Faris 14 ga Disamba. Sati uku cikin ruwa da ƙanƙara, fiye da kilomita 700, wani dare ya kwana a rumbu, wani dare ya ɓalle ƙofar gidan hutun da babu kowa.

Ni Musulmi ne, na san ajali ba ya jiran mai tafiya. Amma ta tashi, ta ƙara kusan shekara tara, sai 1983 ta rasu tana da shekara 87. Ni kuma ga ni nan, kilomita shida kacal, ina lissafin bororon da ya fito mini a dunduniya.

Azahar ta same ni a bakin kogin. Ruwan garau yake, ana ganin duwatsun ƙasa. Na tsoma hannu don alwala, sai na ji kamar an sare ni da wuƙa. Na yi ta a gaggauce, sau ɗai-ɗai, na shimfiɗa rigar ruwata a kan tsakuwa. Wani mai keke ya rage gudu ya dube ni, ya ɗaga hannu, ya wuce.

Sachrang ƙaramin ƙauye ne ƙwarai. Coci mai suna St. Michael, ginin ƙarshen ƙarni na 17, maƙabarta a kewaye da shi, gidajen manoma masu barandar katako, sai dutsen Geigelstein a gefe ɗaya, tsayinsa mita 1,808, Spitzstein a ɗaya gefen. In ka ƙara gaba kaɗan ka shiga Tirol ta Ostiriya. Bayan yaƙi fasa-ƙwauri ya yi tashe a wannan iyaka, gahawa da sigari da makamantansu, kuma yaran ƙauyen sun tashi suna wasa da makaman da sojoji suka watsar a daji. Ban nemi gidan da suka zauna ba. Wasu mutane ne a wurin yanzu, kuma ban ga dalilin da baƙo zai tsaya yana leƙa musu taga ranar hutunsu ba. Na dai hau wani ɗan tudu a bayan gari na juya na fuskanci arewa, inda na fito.

Abin da Herzog ya fara tunawa a duniya ta can ya gan shi. Yana da shekara biyu da rabi, a ƙarshen yaƙi, uwar ta tashe su shi da wansa cikin dare, ta naɗe su a bargo ta hau da su tudu, ta ce su duba, Rosenheim ce ke ci da wuta. Ba wutar suka gani ba, garin yana da nisa, duwatsu sun tare. Sama ce kawai ta yi ja tana bugawa a hankali a ƙarshen kwarin. Ya ce a daren ne ya san akwai wata duniya bayan wannan kwarin, kuma akwai haɗari a cikinta. Da na tsaya a wurin sai na gane abin da ban gane ba a kan allo. Kwarin matsattse ne, kamar lungu. Ba ka ganin komai sai abin da duwatsu suka bari. Yaron da ya shekara goma sha biyu a nan, in ya fita, ba mamaki ya ƙi tsayawa. Ya je hamada, ya je Amazon, ya je bakin dutse mai aman wuta, ya je rijiyoyin man Kuwait suna ci a 1991, ya je Antatika, ya shiga kogon Chauvet na Faransa inda zanen jikin bango ya haura shekara 30,000.

Yunwa ta kai ni wani gidan abinci. Komai na jikin takardar da alade a ciki, sai na nuna wani abu kamar wainar ƙwai da fulawa da aka yayyanka aka barbaɗa sukari, da miyar tuffa a gefe. Wani tsoho mai hular gashi a teburin kusa ya tambaye ni, da Ingilishi mai tsinkewa, ko dutse na zo hawa da wannan takalmin. Na ce a'a, Herzog. Ya ce "Ah, der Werner," ya kaɗa hannu a gefen kansa, irin alamar da muke yi wa wanda notinsa ya kwance, amma yana murmushi. Bai ƙara komai ba, ya koma kan kofinsa.

Ana gobe zan yi wannan tafiya, da yamma, na je ɗaya gefen labarin, a Munik, titin Elisabethstraße a unguwar Schwabing. Unguwar masu hali ce yanzu, gidaje masu hawa biyar, kekuna a ɗaure. Nan iyalin suka dawo yana ɗan shekara 12 zuwa 13, su huɗu a ɗaki ɗaya a wani gidan haya. A gidan nan akwai wani ɗan wasan kwaikwayo da ba shi da ko sisi, Klaus Kinski. Herzog ya ce Kinski ya taɓa kulle kansa a banɗaki kwana biyu yana ihu, ya farfasa komai har baho da masai suka zama gari. Yaron yana kallo. Wani zai ce Allah ya raba ni da wannan. Shi sai ya ajiye shi a rai, bayan fiye da shekara goma sha biyar ya aika masa da labarin fim.

Kafin nan Herzog ya yi abin da duk ɗan Kannywood zai gane. Yana sakandare yana aikin walda da dare a masana'antar ƙarfe don ya tara kuɗin fim. Kyamara kuwa ɗauke ta ya yi daga makarantar fim ta Munik, mai milimita 35, kuma har yau ba ya kiran abin sata, wai buƙata ce. Ɗan gajeren fim ɗinsa na farko ya fito a 1962. Dogon na farko, wanda ya ɗauka a tsibirin Kos na Girka, ya samu kyauta a bikin finafinai na Balin a 1968. Bai yi makarantar fim ba, bai yi yaron wani darakta ba.

Rubutunsa ne ya fi ba ni mamaki, ni da na ga marubutanmu suna wata uku a kan labari ɗaya. Labarin Aguirre, na wani sojan Sifaniya da ya haukace yana neman birnin zinariya a Amazon, cikin kwana biyu da rabi ya rubuta shi, wani ɓangare a cikin motar ƙungiyar ƙwallonsu, keken rubutu a cinya. Wani ɗan ƙwallo da ya bugu ya yi amai a kan wasu shafuka, Herzog ya jefar da su ta taga, ya ce bai ƙara tuna abin da ke ciki ba. Ba ya cika takarda da lambar sin da inda kyamara za ta tsaya, kamar ƙagaggen labari yake zuba shi. Da waccan kyamarar da ya ɗauke aka yi fim ɗin a Peru, ya fito a 1972, kuɗinsa dala 370,000, kashi ɗaya cikin uku na Kinski ne, jarumin fim ɗin. Kowa ya ci ladan kuturu sai ya yi masa aski, amma a nan ban san wane ne kuturun ba. Da Kinski ya ce zai bar lokeshan, Herzog da bakinsa ya ce ya gaya masa zai harbe shi sannan ya harbe kansa. Finafinai biyar suka yi tare a haka.

Inda nake rabuwa da masu yabonsa shi ne Fitzcarraldo na 1982. Labarin wani ne da ke son gina gidan waƙar opera a tsakiyar dajin Amazon na Peru, sai ya ja jirgin ruwa ya haye tudu daga wani kogi zuwa wani. Mutumin gaskiyar da aka ari labarinsa, jirginsa ƙarami ne, kuma kwance shi ya yi aka ɗauka gunduwa-gunduwa. Herzog ya ce shi ba zai yi dabarar kyamara ba. Jirgi na gaske, tan 320, aka ja shi da igiyoyin ƙarfe da katafila da ƙarfin ɗaruruwan 'yan asalin dajin. Sansanin farko mutanen ƙabilar Aguaruna suka ƙone shi, don ba su yarda da zamansu a ƙasarsu ba. Jarumin farko, Jason Robards, ciwon ciki ya kwantar da shi bayan an ci kusan rabin aiki, mawaƙi Mick Jagger da ke fitowa tare da shi ma ya tafi, aka koma farko da Kinski. An yi haɗarin jirgin sama. Wani mai saran itace maciji ya sare shi, ya yanke ƙafarsa da injin yankan katako don dafin kada ya hau. Shi darakta ya karɓi kyautar gwarzon mai ba da umarni a bikin finafinai na Cannes.

Na kalli jirgin nan yana hawa tudu, katako yana kuka, laka tana zamewa, kuma na rantse babu kwamfutar da za ta ba ka wannan. Na san haka a matsayina na mai tace hoto. Amma na yi aiki a lokeshan, na san wanda ke riƙe fitila da wanda ke ɗaukar janareto, na san waɗanda sunansu ke wucewa da gudu a ƙarshen fim bayan kowa ya tashi. Taurin kan da ya kai shi Faris da ƙafa nasa ne, ƙafarsa ce ta kumbura. Na Peru kuwa kafaɗun wasu ne suka ɗauka. Masu kare shi suna cewa ya biya fiye da yadda ake biya a yankin, ya kawo likita, ya kuma taimaka wa mutanen wajen neman takardar mallakar ƙasarsu. Na ji. Har yanzu dai in na zo wurin nan a fim ɗin, fuskokin masu jan igiya nake kallo, ba farar kwat ɗin Kinski ba.

Afirka ma ba ta bar shi ya wuce salin-alin ba. A ƙarshen shekarun 1960 ya ratsa Sahara yana ɗaukar kawalwalniya, ita kanta, abin da ido ke gani babu shi. Da suka gangara Kamaru aka kama su aka kulle, saboda sunan mai ɗaukar hotonsa ya yi kama da na wani sojan haya Bajamushe da ake nema. Ya fito da zazzaɓin cizon sauro da tsargiya. Bai daddara ba. A 1987 ya fitar da Cobra Verde, wanda ya ɗauki babban ɓangarensa a Gana, a tsohuwar ganuwar bayi ta Elmina, da ɗaruruwan 'yan mata da aka horar su fito a mayaƙa. Nan ne shi da Kinski suka raba gari har abada, Kinski ya mutu a 1991. Bayan shekara biyu da fim ɗin Gana sai ga na Woɗaaɓe, an ɗauke shi a Nijar ba da daɗewa ba bayan farin da ya ƙarar da dukiyar makiyaya a tsakiyar shekarun 1980.

Shi yana da amsar da yake ba masu irin ƙorafina. Ya raba gaskiya biyu. Akwai wadda ya kira gaskiyar akanta, ta ƙidaya da kwanan wata. Akwai kuma wata mai zurfi, wadda a ganinsa ba a kai mata sai an ƙirƙira, an shirya, wani lokaci ma an sa wa mutum magana a baki, ko da a fim ɗin da ake kira na gaskiya. Waƙar cocin nan a kan gerewol daga nan ta fito. Yana so Bature ya daina kallon samarin a matsayin abin nazari, ya gan su da irin idon da yake ganin abin da ya fi girmamawa. Na fahimci niyyar. Sai dai su ma suna da waƙarsu, kuma suna cikin rera ta aka rufe musu baki da ta wani.

Motar yamma ban kuskure ta ba, na riga ta zuwa da minti ashirin. Hanyar da ta ci mini sa'a uku da rabi, cikin ɗan lokaci muka shanye ta. Na isa gida bayan isha, ina ɗingishi. Kawu ya buɗe ƙofa ya dubi takalmin, bai ce uffan ba, ya kawo roba da ruwan ɗumi da gishiri.

Ƙafata na cikin ruwa ya ce, "To, nuna mini abin da ya kai ka."

Na buɗe kwamfuta na sa masa na Woɗaaɓen. Waƙar cocin na farawa ya yamutsa fuska. "Wannan kukan fa?" Na fara yi masa bayanin gaskiya iri biyu, ya ɗaga mini hannu. "Kashe sautin." Na kashe. Ya jawo kujera ya matso, ya sa tabarau. Samarin suna ta jujjuya ido shiru, sai na ji kawu yana wani ɗan gunji a maƙogwaro, sauti ɗaya mai tsawo yana hawa yana sauka, yana kaɗa kafaɗa daidai da su. Ban taɓa jin ya yi Fulatanci ba sai ranar. Ya ce suna yara in damina ta ja baya sukan bi su har bayan gari, su laɓe suna kallo, kakata tana zuwa da bulala tana kora su gida. Ya nuna mini yadda ake gane wanda budurwa za ta zaɓa tun kafin ta taso, ya kuma ci daidai.

Aka zo wurin da garke ke wucewa, jajayen shanu masu dogayen ƙaho, ƙura ta tashi. Ya dafa hannuna.

"Tsaya, ɗan nan. Mayar baya kaɗan, in ƙara ganin bijimin can."